Charlie Chaplin, mai tsara kiɗan fim da bai iya karanta kiɗa ba

A ƙasashen renon Faransa an fi saninsa da Sharlo, ɗan gajeren nan mai malafa da sanda da ƙattin takalma. Kaɗan ne suka san cewa tun daga 1931 shi ke tsara kiɗan finafinansa, alhali bai taɓa koyon karanta rubutun kiɗa ba.

An haifi Charlie Chaplin a Landan ranar 16 ga Afrilu 1889. Iyayensa duka mawaƙan dandali ne, amma giya ta ci uban, uwar kuma ta samu taɓin hankali. Yana shekara 7 aka kai shi gidan da hukuma ke tara matalauta. Da kunne ya koyi fiyano da gogen Turawa, kuma da yake bahago ne sai da aka juya masa igiyoyin gogen.

Da finafinai masu magana suka shigo a 1927, Chaplin ya ƙi barin Sharlo ya buɗe baki, don yana ganin da zarar ya yi Turanci zai rasa masu kallon da ba sa jin harshen. Sai ya mayar da sauti abin ba'a. A farkon City Lights na 1931 manyan gari suna jawabi, amma abin da ke fita daga bakinsu ƙarar abin busar yara ce. A Modern Times na 1936 muryar mai masana'anta ta cikin na'ura take zuwa. Kukan cikin da ake ji a wajen shan shayi kuwa, Chaplin ne da kansa ya hura iska cikin bokitin ruwa.

Yadda yake aiki shi ne ya rera ko ya taɓa fiyano, ƙwararren makaɗi ya rubuta. A nan gardama take: kiɗan na wa ne? David Raksin, wanda Chaplin ya kora bayan 'yan kwanaki saboda musu sannan ya dawo da shi, ya shaida daga baya cewa karin na Chaplin ne, kuma yana bin kowace gaɓa. Sai dai hannunsa ba tsaf yake ba. José Padilla ɗan Sifen ya kai shi kotu a Paris kan waƙar La Violetera da ya sa a City Lights ba tare da ambaton mai ita ba, kuma ya yi nasara.

A 1952 Amurka ta soke izinin komawarsa bisa zargin kusanci da kwaminisanci, ya tare a Suwizalan. Limelight, fim ɗinsa na wannan shekarar, bai samu shiga Los Angeles ba sai 1972. Shi ya sa lambar Oscar ta kiɗan ta zo a 1973, lokacin abokan aikin biyu da aka haɗa su da shi a kyautar, Raymond Rasch da Larry Russell, sun riga sun mutu. Ita ce kaɗai Oscar da ya ci a gasa, sauran biyun na girmamawa ne.

Ya mutu ranar 25 ga Disamba 1977 yana shekara 88, shekara guda bayan ya gama sa wa tsohon fim ɗinsa A Woman of Paris na 1923 kiɗa.