Samuel Ajayi Crowther da Harsunan Bakin Kwara

An haifi Ajayi a Osogun, ƙasar Yarabawa, wajen shekarar 1809. A 1821 mahara suka kama shi, aka sayar da shi bawa. Da shekara ta kewayo, sojojin ruwan Ingila suka tare jirgin da ke ɗauke da shi, suka sauke shi a Saliyo.

A can ’yantattun bayi masu harsuna fiye da 100 suka cakuɗu. Kiriyo, wato Ingilishin da ya gauraya da harsunan Afirka, shi ya haɗa kansu. Nan kunnen Ajayi ya buɗe. A 1841 ya bi ayarin binciken Kwara tare da Schön, wanda ya wallafa littafin kalmomin Hausa a 1843, shekarar da shi ma ya fitar da na Yarabanci.

A 1857 ya buga littafin koyon Ibo cikin karin Isuama na ’yantattun bayi, amma mutanen Onica suka sha wuyar fahimtarsa, domin ba karinsu ba ne. Na Nufanci ya biyo baya a 1860.

An naɗa shi bishop a 1864, ya rasu a Ikko a 1891. Har yau rubutun Yarabanci yana kan harsashin da ya kafa.