Tarihin Alhaji Agus Salim, Malamin Ƙasar Indunusiya

Bismillahir Rahmanir Rahim. Bayan haka, mai karatu ya sani Indunusiya ƙasa ce ta tsibirai a gabashin Hindu, ita ce ta fi kowace ƙasa yawan Musulmi a ƙidayar 2020, sa'ad da jama'arta duka suka haura miliyan 270. Turawan Holan sun shige ta da sunan fatauci, kamfaninsu da aka kafa a 1602 yana sayen kanumfari da barkono, har baƙon kasuwa ya zama mai gari.

A cikin wannan mulki aka haifi Agus Salim, ran 8 ga Oktoba 1884, a ƙauyen Koto Gadang cikin tsibirin Sumatara. Mahaifinsa ma'aikacin shari'a ne na gwamnatin Holan, saboda haka yaron ya sami shiga makarantar 'ya'yan Turawa. Ya gama a 1903 da sakamako mafi kyau, ya nemi gwamnati ta biya masa karatun likita a Holan, aka hana shi. Nan ya gane cewa hazaƙa ba ta kankare wa ɗan ƙasa sunan talaka a idon mai mulki.

A 1906 ya kama aikin tafinta a ofishin jakadan Holan a Jidda, ya shekara biyar. Can Allah Ya haɗa shi da ɗan'uwan mahaifinsa, Shaihu Ahmad Khatib, limamin Shafi'iyya a Masallacin Ka'aba, ya zauna gabansa ya ɗauki karatun addini. Ya komo gida da ilmi biyu, na Makka da na Nasara, ga harsuna masu yawa a bakinsa.

A 1915 ya shiga jam'iyyar Sarekat Islam, wadda asalinta ƙungiya ce ta 'yan kasuwa Musulmi masu sayar da yadin rini. Da 'yan gurguzu suka nemi su ja ta zuwa tafarkin Rasha, yana cikin waɗanda suka tsaya har aka raba gari da su a 1921. A majalisar shawara da Turawa suka kafa kuwa, ya tashi ya yi jawabi da harshen Malayu, alhali ya iya na Holan kamar an haife shi a can.

Babban aikinsa ya zo bayan tsufa. Ran 17 ga Agusta 1945 Sukarno da Hatta suka yi shelar 'yanci, Holan ta ƙi yarda, ta komo da soja, ta tsare teku. Ƙasar da ba wanda ya shaida ta kuwa, kamar ɗan kasuwa ne marar mai lamuni: ba mai ba shi bashi, ba mai ƙulla ciniki da shi. Sai aka tura Alhaji Agus, yana da shekara 62. Ya halarci taron ƙasashen Asiya a Delhi cikin Maris 1947, daga nan ya zarce Alƙahira da 'yan rakiya kaɗan da guzuri ƙanƙane. Jakadan Holan ya yi iyakar ƙoƙarinsa ya ɓata tafiyar, amma ran 10 ga Yuni 1947 Alhaji Agus da Nuƙrashi Basha, firayim ministan Masar, suka sa hannu a takardar amana. Sham da Lubnan da ƙasar Sa'udiyya suka bi baya. Cikin Yuli aka naɗa shi Ministan Harkokin Waje, cikin Agusta yana Amurka tare da Sutan Shahrir, suna kai ƙarar Holan gaban Majalisar Ɗinkin Duniya. A Disamba 1948 sojan Holan suka kama shi tare da Sukarno, suka tsare su a Sumatara, daga baya a tsibirin Bangka. Duk da haka, ran 27 ga Disamba 1949 Holan ta sallama.

Wanda maciji ya sara, in ya ga baƙin tsumma sai ya gudu. Shi ya sa shugabannin wannan zamani suka ƙi sake ubangida bayan sun rabu da na fari. A 1948 Hatta ya shimfiɗa ka'idar da ƙasar ta riƙe: ba ta bin rundunar Amurka, ba ta bin ta Rasha, amma ba ta naɗe hannu ga al'amuran duniya. A kan wannan ka'ida ta tara ƙasashe 29 na Asiya da Afirka a birnin Bandung cikin Afrilu 1955, har da Sudan da Gwalkwas, wato Gana, tun ba su sami 'yanci ba. A kanta ta shaida ƙasar Falasɗinu a 1988. Bayan ta yi arziki ma ba ta sake hali ba: a 2022 ta sauki taron ƙasashe 20 masu ƙarfin dukiya, a 2025 ta shiga ƙungiyar BRICS tare da Sin da Hindu da Rasha, ba tare da ta yanke ciniki da Amurka ba.

Alhaji Agus bai ga taron Bandung ba. Ya rasu a Jakarta ran 4 ga Nuwamba 1954, yana da shekara 70, bayan ya ƙare yawancin rayuwarsa a gidajen haya. An binne shi a Kalibata, maƙabartar mazajen ƙasa. Allah Ya jiƙansa, Ya yi masa rahama, amin. Tammat.