Lee McClung, Ma'ajin Amurka

An haifi Lee McClung a Amurka cikin 1870. A babbar makarantar Yale ya yi suna wajen ƙwallo irin na ƙasarsu, wanda ake rungumewa a sheƙa da shi. Cikin 1891 shi ne shugaban 'yan wasa. Suka yi karo 13, ba a ci su ko ɗaya ba. Da ya fita ya yi aikin jirgin ƙasa, sa'an nan makarantarsa ta danƙa masa kuɗinta. Cikin 1909 Shugaba Taft ya naɗa shi Ma'ajin Amurka, har sunansa ya hau takardun kuɗi. Ya sauka cikin 1912, ya rasu a Landan cikin 1914.

Mu da ke tsakanin aji da fili, mu lura: gudu ya ba shi suna, amma amana ta ba shi baitulmali.