Taƙaitaccen Tarihin Augustin Fresnel, Masanin Haske

An haifi Augustin Fresnel a garin Broglie na ƙasar Faransa cikin shekarar 1788. Ya tashi da yawan laulayi, amma duk da haka ya yi karatu har ya zama injiniyan hanyoyi da gadoji. A 1815 aka dakatar da shi daga aiki saboda ya ƙi goyon bayan Napoleon, sai ya duƙufa ga nazarin haske.

A 1823 ya fito da lissafin da ke nuna yawan hasken da ke komawa baya a iyakar gilashi da iska, wato kimanin kashi 4 cikin 100 idan hasken ya zo kai tsaye. Da wannan lissafi ne masu haɗa zaren gilashi na sadarwa ke aiki a yau. In aka bar 'yar tazara tsakanin bakin zare biyu, saƙon da haske ke ɗauke da shi zai raunana sau biyu, wurin fita da wurin shiga. Shi ya sa ake goge bakunan sumul, a matse su har su haɗu.

Fresnel bai ga wannan zamani ba. Tarin fuka ya yi ajalinsa a 1827, yana da shekara 39.