Gauhar Shad: Sarauniyar da ta ƙawata Herat da Mashhad

Duk wanda ya ziyarci hubbaren Imam Rida a birnin Mashhad na ƙasar Iran zai ga wani masallaci mai shuɗiyar ƙubba a gefensa. Mace ce ta gina shi, kuma har yau sunanta yake amsawa, wato Gauhar Shad.

Ita ce matar Shah Rukh, ɗan Taimur. Bayan rasuwar Taimur a 1405, mijin nata ya riƙi Herat, wanda ke Afganistan a yanzu, a matsayin fadar mulki. Gauhar Shad na da faɗa a ji a harkokin daula, ta kuma zuba dukiya mai yawa a gine-ginen addini.

Magininta shi ne Ƙiwamuddin, mutumin Shiraz. A 1418 ya kammala masallacin Mashhad bisa tsarin Farisa: fili a tsakiya, da manyan zauruka huɗu masu baka da ke fuskantarsa. Adon bangon aikin haƙuri ne. Akan gasa tayil na kowane launi daban, a yanka shi ƙanana, a jera yankan a kife bisa zane, a zuba musu farar ƙasa, sannan a ɗaga a manna. Da haka aka fitar da furanni da taurari da ayoyin Alƙur'ani. Ɗanta Baisungur, gwanin rubutu, shi ya tsara babban rubutun da ke zauren alƙibla.

A Herat kuwa, tun 1417 ta aza harsashin masallaci da makaranta masu dogayen hasumiyoyi, aikin da ya ci kimanin shekara 20.

Da Shah Rukh ya rasu a 1447, rikicin gadon sarauta ya ɓarke, ta mara wa jikanta Ala'uddaula baya. A 1457 Sarki Abu Sa'id ya shiga Herat, ya zarge ta da haɗa baki da abokan gabarsa, ya sa aka kashe ta, tana da kimanin shekara 80. An binne ta a hubbaren da ta gina a birnin.

A 1885, saboda fargabar harin Rasha, an rushe akasarin gine-ginenta na Herat bisa shawarar hafsoshin Birtaniya. Hubbarenta da wasu hasumiyoyi ne suka tsira. Masallacin Mashhad kuwa har yanzu ana sallah a cikinsa.