Paul Langerhans: Ɗalibin da ya hango tsibirai a cikin jikin ɗan Adam

An haifi Paul Langerhans a birnin Balin na ƙasar Jamus a ranar 25 ga Yuli, 1847. Mahaifinsa likita ne, shi ma ya bi sahunsa, ya yi karatu a ƙarƙashin shahararren masanin cututtuka Rudolf Virchow.

A zamanin, duk mai son sanin yadda naman jiki yake sai ya yanko shi siriri, ya rina shi, sannan ya duba ta madubin likita, domin rini ne ke bambanta wata ƙwayar halitta da wata. Da wannan dabara ce a 1868 ya yi amfani da sinadarin zinariya ya gano wasu ƙwayoyi masu rassa a cikin fata, waɗanda har yau suke ɗauke da sunansa.

A 1869 ya gabatar da kundin digirinsa a kan fankiriyas, wani sashe da ke kwance a bayan tumbi. A naman zomaye ya lura da ƙananan gungu na ƙwayoyi a warwatse, waɗanda kamanninsu ya sha bamban da na maƙwabtansu. Ya siffanta su dalla-dalla, amma bai yi da'awar sanin aikinsu ba.

Tarin fuka ya kama shi a 1874, yana koyarwa a jami'ar Freiburg. Ya koma tsibirin Madeira neman lafiya, inda ya ci gaba da duba marasa lafiya tare da nazarin tsutsotsin teku. Ya rasu a Funchal a ranar 20 ga Yuli, 1888, saura kwana biyar ya cika shekara 41.

Shekara guda bayan rasuwarsa, Minkowski da von Mering suka cire wa kare fankiriyas, sai ciwon sukari ya kama shi. A 1893 Bafaranshe Édouard Laguesse ya raɗa wa gungun suna tsibiran Langerhans, ya kuma yi hasashen cewa suna zuba wani sinadari cikin jini. A 1921 Banting da Best suka tatso sinadarin a Toronto. Shi ne insulin, sunan da ya samo asali daga kalmar tsibiri a harshen Latin, kuma da allurarsa masu ciwon sukari da dama suke rayuwa a yau.