Kyaftin Mbaye Diagne, sojan Senegal da ya ceci ɗaruruwan mutane a Ruwanda ba tare da bindiga ba

A ranar 31 ga watan Mayun 1994, harsashin igwa ya faɗi a bayan wata farar motar Majalisar Ɗinkin Duniya da ke tsaye a wani shingen sojoji a birnin Kigali. Wani guntun ƙarfe ya fasa gilashin baya ya sami direban a ƙeya, nan take rai ya yi halinsa. Da abokan aikinsa suka zo ɗaukar gawar, sai aka rasa ko jakar saka gawa ɗaya a rumbun rundunar, dole suka naɗe shi a cikin shuɗin tamfol irin wanda ake rabawa 'yan gudun hijira. Mamacin shi ne Kyaftin Mbaye Diagne, ɗan ƙasar Senegal mai shekara 36, wanda saura masa kwana 12 ya koma gida.

An haife shi ranar 18 ga watan Maris na 1958 a garin Koki da ke yankin Louga, ya kuma tashi a Pikine, wata unguwar talakawa mai cunkoso a gefen Dakar. Su tara ne a gidansu, kuma shi ne na farko da ya taka jami'a. Bayan ya gama Jami'ar Dakar, ya shiga makarantar horar da hafsoshin soja a 1983, daga baya ya yi aiki a yankin Casamance, inda gwamnatin Senegal ke fafatawa da 'yan aware. A 1993 aka tura shi Ruwanda cikin tawagar sojoji masu sa ido ta ƙungiyar haɗin kan Afirka, OUA. Ya bar mace da 'ya'ya biyu ƙanana a gida.

Ƙasar da ya tarar ta daɗe tana zaune a kan garwashi. Hutu da Tutsi harshensu ɗaya, suna zaune a kan tsaunuka ɗaya, suna kuma auratayya, amma Turawan mulkin mallaka na Beljiyam suka rubuta wa kowa ƙabilarsa a katin shaida tun a shekarun 1930, suka fifita Tutsi a makaranta da sarauta. A 1959 reshe ya juye da mujiya, dubban Tutsi suka tsere zuwa maƙwabta. 'Ya'yan waɗannan 'yan gudun hijira ne suka kafa ƙungiyar FPR, suka shigo da yaƙi daga Yuganda a watan Oktoban 1990. An sa hannu kan yarjejeniyar sulhu a Arusha a watan Agustan 1993, sannan MDD ta kafa rundunar MINUAR mai sojoji kusan 2,500 ƙarƙashin Janar Roméo Dallaire na Kanada. A cikin wannan runduna aka narkar da tawagar su Mbaye.

Aikin da aka ba MINUAR shi ne ta sa ido kan yarjejeniyar, ba a ba ta izinin amfani da ƙarfi ba sai don kare kai. A ranar 11 ga watan Janairun 1994 Dallaire ya aika da saƙo hedkwatar New York cewa ya sami labarin maɓoyar makamai da shirin kashe Tutsi, ya nuna yana son kai samame. Aka hana shi. Su kuwa masu sa ido irin su Mbaye ko bindigar aljihu ba sa ɗauka. Kayan aikinsu mota ce da rediyon sadarwa da takardar rubuta rahoto.

Daren 6 ga watan Afrilu aka harbo jirgin shugaba Juvénal Habyarimana yayin da yake sauka Kigali, ya mutu tare da takwaransa na Burundi Cyprien Ntaryamira. Kafin gari ya waye an datse tituna. Da safiyar 7 ga wata sojojin fadar shugaban ƙasa suka kashe faraminista Agathe Uwilingiyimana da mijinta, aka kuma hallaka sojojin Beljiyam 10 da aka tura tsaronta. 'Ya'yanta suna ɓoye a wani gidan ma'aikatan MDD da ke kusa. Mbaye ya je wurin shi kaɗai, ya iske yaran. Dallaire ma ya zo, ya yi alkawarin turo motoci masu sulke, amma motocin ba su zo ba. Da Mbaye ya ga jira zai zama ajalinsu, sai ya kwantar da yaran a bayan motarsa, ya lulluɓe su da tamfol, ya ratsa shingayen makasan har otal ɗin Mille Collines. Daga baya an fitar da su daga ƙasar, suka sami mafaka a Suwizalan.

Tun daga wannan rana ya mai da abin sana'a. Dokar aikinsa ba ta ba shi damar ɗauko fararen hula ba, shi kuma bai nemi izinin kowa ba. Motarsa mutum uku zuwa biyar take ɗauka a tafiya ɗaya, don haka yakan yi sawu a kan sawu. An ba da labarin yadda ya tarar da mutum 25 a ɓoye a wani gida a unguwar Nyamirambo, ya kwashe su cikin sawu biyar, yana bi ta shingaye fiye da 20. A kowane shinge akwai 'yan bangar Interahamwe, yawancinsu a buge, riƙe da adduna da kulake, suna duba katin shaida, wani lokaci ga gawawwaki a jibge a gefen hanya. Wanda katinsa ya ce Tutsi, a nan tafiyarsa take ƙarewa.

Makamin Mbaye bakinsa ne. Dogo ne mai fara'a, mai yawan barkwanci, sigari ba ya rabuwa da hannunsa. Yakan tsaya ya gaisa da shugaban shinge kamar tsohon aboki, ya miƙa sigari, ya ba da 'yan kuɗi, ya yi ta zolaya har mai adda ya fashe da dariya, sai ya ja mota ya wuce. Musulmi ne mai tsare salla, ba ya shan giya, amma yakan ajiye kwalabe a mota don ya sayi hanya da su. Ɗan jaridar BBC Mark Doyle, wanda ya taɓa shiga motarsa, ya ba da labarin yadda 'yan banga suka tare su suna tambaya ko wannan Bature ɗan Beljiyam ne, a lokacin da amsar e ke nufin mutuwa. Mbaye ya mai da maganar wasa, ya nuna musu cewa in ɗan Beljiyam suke nema, to ga shi nan baƙi wuluk a bayan sitiyari. Suka kwashe da dariya, motar ta wuce.

Ba kullum wasa ke yi ba. A cocin Sainte-Famille ya taɓa shiga tsakanin wata mata da bindigar da aka ɗana mata. A farkon watan Mayu, da 'yan banga suka tare ayarin motocin MDD da ke kwashe mutane daga Mille Collines zuwa filin jirgi, Mbaye na cikin waɗanda suka tare ƙofar mota da jikinsu. Ayarin bai kai filin jirgi ba, ya juya otal da mutanen da aka yi wa duka, amma da ransu. Otal ɗin ya riƙe mutum sama da 1,200 a tsawon rikicin. Shi Dallaire ya san abin da kyaftin ɗin ke yi, ya kuma kau da kai.

Yayin da mutum ɗaya ke wannan zirga-zirga, manyan ƙasashe ficewa suke yi. A makon farko Faransa da Beljiyam da Italiya suka sauke sojoji masu ƙwararren horo, suka kwashe 'yan ƙasarsu da sauran baƙi, suka tashi. Ranar 11 ga watan Afrilu sojojin Beljiyam suka janye daga makarantar ETO da ke Kicukiro, inda mutum kusan 2,000 suka fake a ƙarƙashin tutar MDD, kuma aka kashe mafi yawansu a ranar. Amurka, wadda aka kashe wa sojoji 18 a Mogadishu a watan Oktoban 1993, ba ta son jin maganar tura dakaru Afirka, jami'anta har kaffa-kaffa suke yi da kalmar kisan ƙare dangi don kada ta ɗora musu nauyi. Ranar 21 ga wata kwamitin sulhu ya zaftare MINUAR zuwa mutum 270 a takarda. 'Yan ɗaruruwan da suka tsaya, yawancinsu 'yan Gana ne ƙarƙashin Birgediya Henry Kwami Anyidoho, da 'yan Tunisiya, da masu sa ido daga Senegal da wasu ƙasashe. A tsakiyar watan Mayu kwamitin ya sake shawara ya amince da sojoji 5,500, sai aka shafe makonni ana cinikin wanda zai biya kuɗin motoci masu sulke. Abin kunyar da ke cikin wannan lissafi ba ya ɓoyuwa: sojojin da aka samu cikin kwana biyu don kwashe baƙi, an kasa samun su cikin wata uku don tsare 'yan ƙasa.

Ranar da ya rasu, Mbaye yana ɗauke ne da saƙo daga babban hafsan sojojin gwamnati, Augustin Bizimungu, zuwa ga Dallaire. Harsashin da ya same shi, ana kyautata zaton mayaƙan FPR ne suka harbo shi suna nufin shingen. An yi masa faretin ban kwana a filin jirgin Kigali, aka kai shi Senegal aka binne. Ya bar kaset-kaset na bidiyo da ya ɗauka da ƙaramar kyamararsa, waɗanda suna cikin 'yan hotunan da ake da su na rayuwar rundunar a waɗannan makonni. Bayan mako uku da mutuwarsa MDD ta ba Faransa izinin shiga kudu maso yammacin ƙasar da rundunar Turquoise, wadda Senegal da Cadi da Nijar na cikin ƙasashen da suka ba ta sojoji, kuma har yau ana gardama kan ko ta ceci mutane ne ko ta buɗe wa makasa hanyar tserewa Zayar. FPR ta kama Kigali ranar 4 ga watan Yuli. An kashe mutum kusan 800,000 cikin kwana 100.

Mbaye bai riƙe lissafin waɗanda ya ceta ba. Gwamnatin Amurka ta ƙiyasta sun kai 600, wasu na ganin sun fi haka. Ruwanda ta ba shi lambar yabo ta Umurinzi a 2010. Ita kuwa MDD sai da aka shekara 20 kafin ta tuna da shi. Ranar 8 ga watan Mayun 2014, bisa shawarar wakilin Jodan Yarima Zeid, kwamitin sulhu ya zartar da ƙuduri mai lamba 2154 da ya ƙirƙiro lambar jarumta mai sunansa, kuma a 2016 Ban Ki-moon ya miƙa ta farko ga matarsa da 'ya'yansa a New York. Ba a cika ba da ita ba. A 2019 an ba Chancy Chitete, sojan Malawi da ya mutu a gabashin Kwango yana ceton wani abokin aikinsa ɗan Tanzaniya. A 2022 aka ba Kyaftin Abdelrazakh Hamit Bahar na Cadi, wanda ya faɗi a watan Afrilun 2021 yana kare sansanin MINUSMA a Aguelhok, arewacin Mali.